Baba bai taɓa olsa ba, me ya sa ake masa allurar olsa a ɗakin kulawa ta musamman?

"Assalamu alaikum Likita. Mahaifinmu ya yi haɗarin mota a Hawan Kibo yana dawowa daga Abuja, ya bugu a ka da ƙirji. Yau kwanansa tara a ɗakin kulawa ta musamman, inji ne ke taimaka masa numfashi, ga roba a hancinsa. Kullum cikin takardar maganin da ake miƙo mana sai an sa allurar omefrazol, mai kemis ya ce ta olsa ce. Baba kuwa bai taɓa olsa ba, mutum ne da ke cin tuwo da yaji har ya yi gumi. Yayana ya ce neman kuɗi ne kawai. Gwaggonmu ta ce yunwa ce ta sa masa olsar tunda ba ya cin abinci. Don Allah mece ce gaskiya? Allurar dole ce? In Allah ya tashi kafaɗunsa, zai ci gaba da shan maganin ke nan?"

Daga wata 'yar'uwa a Anguwar Rogo, Jos.

Wa alaikumus salam 'yar'uwa. Allah ya ba Baba lafiya, ya sa kaffara ce, ku kuma ya ba ku ladan jinya. Zaman benci a ƙofar wannan ɗaki, musamman da sanyin asubar Jos, sai wanda ya yi shi ya san zafinsa.

Abu uku kika tambaya: me ya haɗa wanda ba shi da olsa da maganin olsa, ko maganin dole ne, da kuma yaushe za a daina. Ba don Baba yana da olsa ake masa allurar ba, don kada cikinsa ya ɓalle da jini ne yayin da yake kwance. A irin halin da kika siffanta, rauni a ka ga kwana tara kan inji, da ni ne a kansa ni ma zan rubuta ta. Amma tambayarki ta uku ce na fi so ku riƙe, domin a nan ne mu likitoci muka fi yin sakaci.

Olsa biyu ce, sunan ne ɗaya

Olsar da kowa ya sani, wadda ake cewa gyambon ciki, a hankali take zuwa. Mutum ya yi watanni yana fama da zafin ƙirji da ƙugin ciki, ya tashi tsakar dare yana neman madara. Abubuwa biyu ne suka fi haddasa ta. Ɗaya ƙwayar cuta ce mai suna H. pylori da ke zama a bangon tumbi, wadda wasu likitoci biyu 'yan Ostareliya, Barry Marshall da Robin Warren, suka nuna hannunta cikin ciwon, har aka ba su kyautar Nobel a 2005. Ɗayan kuma magungunan kashe ciwon jiki ne irin su daikilofenak da aibufurofen da asfirin, waɗanda leburori da 'yan acaɓa ke saye a haɗe a kemis su kora da ruwan leda bayan aikin yini. Yunwa da yaji suna tsokano zafin gyambon da ya riga ya samu, amma ba su ne ke haƙa ramin ba.

Wadda ake tsoro ga Baba daban ce. Sunanta na Turanci, stress ulcer, yakan sa mutane su zaci damuwa da tunani ne ke kawo ta. A'a, galabaitar jiki ake nufi, irin wadda tsananin ciwo ko mummunan rauni ke jefa mutum a ciki, shi ya sa ni nake ce mata gyambon galabaita. Cikin yini ɗaya ko biyu take bayyana. Ba rami ɗaya mai zurfi ba ne, ƙananan ƙujewa ne birjik a saman bangon tumbi, kamar gwiwar yaron da ya faɗi a kan tsakuwa. Yawanci ba ta ciwo, ko da ma tana yi wanda ke kwance cikin maganin barci ba zai faɗa ba. Sallamarta ta farko jini ce.

An daɗe da sanin ta. A 1842 wani likitan tiyata a Landan, Thomas Curling, ya ba da rahoton gyambo a farkon hanjin mutanen da suka yi mummunar ƙuna. A 1932 Harvey Cushing, likitan tiyatar ƙwaƙwalwa a Amurka, ya bayyana irinsa ga masu ciwo a cikin ka. Har gobe da sunayen mutanen nan biyu muke kiran gyambon mai ƙuna da na mai rauni a ka. Baba, da ya bugu a ka, yana cikin rukuni na biyu.

Yadda abin ke faruwa

Ruwan asid da ke cikin tumbin kowannenmu yana da ƙarfin narkar da nama. Abin da ya hana shi cin tumbin kansa shi ne wani yauƙi mai kauri da ya lulluɓe bangon, da wani sinadari mai kama da kanwa da bangon ke fitarwa yana kashe kaifin asid ɗin, sannan fatar bangon tana sabunta kanta duk bayan 'yan kwanaki. Duka ukun nan da jini suke aiki. Muddin jini na isa bangon tumbi a wadace, to asid ya yi ta tsaminsa, ba abin da zai iya.

Kin san masu lambu a bakin tafkunan kuza na wajen Bukuru. Idan rani ya tsananta ruwa ya ja, mai lambu ba ya raba shi daidai-wa-daida. Toshe hanyar kwamin nesa yake yi, ya juya ruwan ga wanda ya fi masa daraja. Haka jiki yake yi idan an zubar da jini da yawa, ko ƙwayoyin cuta sun bazu cikin jini, ko zuciya ta gaza: ya tsuke jijiyoyin da ke kai wa ciki da hanji, ya tura abin da ya rage ga ƙwaƙwalwa da zuciya. Dabara ce ta tsira da rai, amma tumbi ne ke biyan kuɗinta. Yauƙin ya ragu, fatar ta daina sabuntawa, asid ya samu ƙofa. Allurar da muke ɗura wa mara lafiya don ɗaga awon jininsa, irin su noradirenalin, ita ma ƙara tsuke waɗannan jijiyoyi take yi. Injin numfashi kuma, da yake da ƙarfi yake tura iska cikin huhu, yakan rage jinin da ke komawa zuciya. Ga mai rauni a ka akwai ƙari: wata doguwar jijiya da ta sauko daga ƙwaƙwalwa zuwa ciki takan harzuƙa, ta sa tumbi ya yi ta zubo asid fiye da kima.

Ki lura da abu ɗaya a nan, don shi ne ginshiƙin duk abin da zai biyo baya. Asalin matsalar raunin bango ne, asid mai cin gajiya ne kawai. Katangar ƙasa ce yaɓenta ya zube, damina kuma ta kankama. Omefrazol ruwan saman yake ragewa, ba ya mayar da yaɓe. Mai mayar da yaɓe shi ne dawowar jini ga tumbi, da abinci, da warkewar ciwon da ya kwantar da mutum.

Na ga yadda yake idan ya ɓalle, ba sau ɗaya ba. Wanda ya fi tsaya mini a rai wani saurayi ne da ƙwayoyin cuta suka cika masa jini bayan hanjinsa ya huje da taifot. Kwana biyar da tiyata, har mun fara sa rai. Wajen ƙarfe uku na dare Sista ta taso ni, ta sa sirinji a bakin robar hancinsa ta ja. Maimakon ruwan nan mai ɗan kore-kore da muka saba gani, sai ga wani abu baƙi-baƙi mai gari-gari, kamar ragowar kofi a ƙasan kofin. Da aka juya shi don gyara shimfiɗa, kashin da ya yi baƙi ne wuluk mai danƙo kamar kwalta, da wani ƙarni da duk wanda ya taɓa shaƙa ba ya mantawa. Awon jininsa ya soma sauka. Ledar jini ɗaya ce ta rukuninsa a ajiye. Kawunsa ya fita cikin sanyin Disamba yana buga wa 'yan'uwa waya su zo a gwada su. Mai leƙa ciki da kyamara kuwa sai gari ya waye. Yaron ya rayu, alhamdu lillahi, amma sai da ya sha leda huɗu. Na kawo wannan ne don ki ga cewa zubar jinin da a wata ƙasa za a tsayar cikin awa biyu, a wajenmu yana iya zama dare guda na neman jini a gari. Wannan yana cikin lissafina duk lokacin da nake auna ko in rubuta maganin.

Wa ya cancanta, wa bai cancanta ba

A shekarun baya kusan duk wanda ya shiga ɗakin kulawa ta musamman ana ba shi. Abin ya fara sauyawa a 1994, da wata likita a Kanada, Deborah Cook, da abokan aikinta suka bi diddigin marasa lafiya 2,252. Mutum 33 ne kacal suka yi zubar jini mai haɗari, wato kashi 1.5 cikin ɗari. Da suka duba su wane ne, sai suka ga kusan dukansu ɗayan biyu ne: ko dai sun haura awa 48 kan injin numfashi, ko jininsu ba ya daskarewa yadda ya kamata. Cikin mutum 847 masu ɗaya daga waɗannan, 31 sun zubar da jini. Cikin sauran 1,405 kuwa, biyu tak.

Daga nan aka fahimci cewa haɗarin ba na kowa ba ne. Jagorar da ƙungiyar likitocin kulawa ta musamman da ta masana magunguna na asibiti a Amurka suka fitar a 2024 ta fi ɗora nauyi kan abu uku: rashin daskarewar jini, faɗuwar awon jini har sai an tallafa da allura, da tsohon ciwon hanta. Muna kuma haɗawa da mai mummunan rauni a ka ko a laka, da wanda ƙuna ta ci babban ɓangaren jikinsa, da wanda ya taɓa aman jini na olsa bai daɗe ba. Rashin daskarewar jini a gwaji shi ne ƙwayoyin toshe rauni su sauka ƙasa da 50,000, ko awon INR, wato gwajin saurin daskarewar jini, ya haura 1.5.

In na juya wannan zuwa fuskokin da muke gani a Filato, ga su: wanda aka kwaso daga Hawan Kibo ko hanyar Bauchi da rauni a ka, matar da jijjigar haihuwa ta taɓa mata hanta da jini, ko ta zubar da jini bayan haihuwa har ta sume, manomin da kububuwa ta sara a ƙasar Langtang ko Shendam, dafin ya tsinka masa jini, ciwon ya kai shi ga kulawa ta musamman, mai ciwon hanta da ya daɗe har hantar ta taurare, wanda gas ko fetur ya ƙona.

Wanda bai cancanta ba kuma ya fi yawa. Mai zazzaɓin cizon sauro da aka kwantar kwana biyu yana cin abincinsa, da wanda aka yi wa aikin kaba, da matar da aka yi wa tiyatar haihuwa lafiya lau ta sha shayi washegari, duk ba su da abin yi da rigakafin gyambon galabaita. Amma je ki duba takardun magani a asibitoci da yawa, za ki tarar omefrazol ya zama gishirin miya, hannu ne ke rubuta shi tun kafin kai ya yi tunani. Don haka ba zan ce zargin Yayanki ba shi da tushe ba. Akwai ɓarnar kuɗi a harkar nan sosai, sai dai galibi sabo ne ya jawo ta ba haɗama ba. Kawai dai ba a kan Baba zargin ya faɗa ba.

Abin da manyan gwaje-gwaje suka nuna

Uku ne ake ambata, biyu a nan, na ukun a sashe na gaba. Na farko, SUP-ICU, an buga shi a 2018, Denmak ce ta jagoranta tare da wasu ƙasashen Turai. An raba mutum kusan 3,300 gida biyu ta hanyar ƙuri'a: rabi ana musu allurar fantofrazol, ɗan'uwan omefrazol, miligiram 40 kullum, rabi kuma allurar da ba magani a cikinta. Zubar jini mai haɗari ya samu kashi 2.5 cikin ɗari na masu maganin, da kashi 4.2 na marasa shi. Mutuwa cikin kwana 90 kuwa kusan kunnen doki: 31.1 da 30.4.

Na baya-bayan nan, REVISE, ya fito a 2024, kuma ita Deborah Cook ɗin ce dai ta jagorance shi, shekara talatin bayan aikinta na farko. Mutum 4,821 ne, dukansu kan injin numfashi kamar Baba. Zubar jini ya kasance kashi 1.0 ga masu fantofrazol, kashi 3.5 ga marasa shi. Mutuwa 29.1 da 30.9, tazarar da ba ta kai a kafa hujja da ita ba.

Ga yadda nake fassara wa dangin mara lafiya waɗannan alƙaluma. In aka jera mutum 40 masu hali irin na Baba aka yi wa kowa allurar, mutum ɗaya ne za ta kare daga zubar jini mai haɗari. Sauran 39, mafi yawansu ko ba a yi musu ba ba za su zubar ba. Matsalar ita ce ba wanda ke iya nuna wannan mutum ɗaya da yatsa tun da wuri. Kuma maganin bai tabbata yana hana mutuwa ba. Abin da yake hanawa shi ne irin daren da na ba ki labari: ƙarin jini, leƙen ciki, faɗuwar awon jini, tsayar da abinci. Ni a wurina wannan ya isa dalili, musamman a inda leda ɗaya ta jini take buƙatar a tara dangi.

Ta ɗaya gefen, asid ɗin ciki ba don ado Allah ya halicce shi ba. Mai gadi ne, yana kashe ƙwayoyin cutar da ke bin abinci da yawu. In aka rage shi ƙwayoyin kan samu wurin zama, kuma an daɗe ana fargabar su hauro su faɗa huhu su zama nimoniya, ko wata ƙwaya mai suna C. difficile ta mamaye hanji ta kawo zawo mai tsanani, musamman ga wanda ya sha magungunan kashe ƙwayoyin cuta da yawa. A gwaje-gwajen nan biyu ba a ga ƙaruwar waɗannan a fili ba, abin da ya kwantar mana da hankali kan amfani na 'yan kwanaki. Akwai kuma wata alama da ta leƙo a SUP-ICU, cewa waɗanda ciwonsu ya fi na kowa tsanani mai yiwuwa maganin bai yi musu daɗi ba. Har yanzu masana na ja-in-ja a kai. Sannan babu ko ɗaya daga manyan gwaje-gwajen nan da aka yi a asibitocinmu. Marasa lafiyarmu sun fi nasu ƙuruciya, sun fi zuwa a makare, cututtukansu ma daban. Aron awo muke yi, muna gyara shi da abin da ido ya gani.

Wanne magani, ta wace hanya

Iyali biyu ne. Su omefrazol da fantofrazol da esomefrazol suna toshe famfon da ke fitar da asid ne kai tsaye, su suka fi ƙarfi. Su famotidin da simetidin da ranitidin kuma saƙon da ke umartar famfon ya yi aiki suke tarewa. Gwaji na uku, PEPTIC na 2020, ya gwada iyalan biyu kan mutum sama da 26,000 a ɗakunan kulawa 50. Zubar jini ya zo kashi 1.3 ga masu toshe famfo, 1.8 ga masu tare saƙo. Mutuwa a asibiti 18.3 da 17.5. Wato kowanne ya yi, na farko ya ɗan fi kare jini.

Ranitidin, wanda shi muka taso muna rubutawa, hukumar magunguna ta Amurka ta sa an janye shi daga kasuwa a Afrilun 2020 saboda wani gurɓataccen sinadari mai suna NDMA da ake dangantawa da cutar kansa, wato ciwon daji. Famotidin yana buƙatar a rage shi in ƙoda ta yi rauni, in ba haka ba yakan rikita tsofaffi su yi ta sambatu. Omefrazol yana rage ƙarfin kilofidogiral, maganin tsinka jini na masu ciwon zuciya, don haka ga irinsu fantofrazol muka fi zaɓa. Akwai kuma sukralfet, wanda shafe bango yake yi ba tare da rage asid ba. A gwajin 1998 kan mutum 1,200, ranitidin ya fi shi kare jini, 1.7 da 3.8. Farin ruwan maganin olsa da ake girgizawa kafin a sha ba shi da gurbi a nan, aikinsa ba ya daɗewa.

Abu biyu da suka shafi aljihunku. Na farko, rigakafi ƙaramin awo yake so, miligiram 40 sau ɗaya a rana ya wadatar. In kin ga ana yi sau biyu ko ana ɗura shi cikin ruwa ba tsayawa, to wannan awon wanda ya riga ya fara zubar da jini ne, ki tambaya ko an ga wani abu. Na biyu, allura ba ta fi na sha ƙarfi ba idan hanji na karɓar abinci. Da zarar abincin roba ya zauna, sau da yawa ana iya komawa na bi ta roba, wanda ya fi araha nesa ba kusa ba. Sai dai ba a daka 'ya'yan da ke cikin kafson omefrazol, rigar da ke jikinsu ce ke kare su daga asid, kuma sukan toshe siririyar roba. Wannan aikin masanin magunguna na asibitin ne ya tsara. In za ku saya a waje, ku je kantin magani mai rajista, ku duba lambar NAFDAC da ranar lalacewa.

Inda Gwaggo ta yi gaskiya

Yunwa ba ita ta haƙa gyambon ba, amma tumbin da aka bari wayam ya fi saurin rauni. Abinci yana jawo jini zuwa bangon ciki, yana ciyar da fatar kai tsaye, yana kuma surka asid. Shi ya sa yanzu muke ƙoƙarin fara ciyarwa ta robar hanci cikin kwana ɗaya ko biyu, ko da cokali kaɗan ne a awa, sai in akwai dalilin hanawa, kamar hanjin da aka ɗinka ko awon jinin da ya ƙi tsayawa. Yawaitar ciyarwa da wuri na cikin dalilan da suka sa zubar jinin nan ya ragu a duniya idan aka kwatanta da shekarun baya.

Abincin gwangwani na musamman yana da tsada. Da yawa daga marasa lafiyata da kunu muka raine su: kunun gyaɗa ko na acca, a dama shi da ruwa-ruwa, a sa madara da ƙwai dafaffe da ɗan mai, a niƙa a tace sosai don kada ya toshe roba. Mai kula da abinci na asibiti ne ke faɗin awo, nas ce ke ɗurawa, bayan ta ɗaga kan gadon ta tabbatar robar na cikin tumbi. Ki tambaya ko an fara ba Baba, in ba a fara ba mene ne dalili. Idan an ba ku izini, ki ɗora Gwaggo kan dama kunun, a cikin tsaftataccen fulas, sabo kowane lokaci. Za ta samu abin yi, hankalinta ya kwanta.

Roƙona ɗaya: kada kowa ya ɗiga wa Baba komai a baki, ko zamzam ne, ko zuma, ko rubutu, ko ruwan kanwa don olsa. Wanda ke kan inji ba ya iya haɗiya, abin huhu zai nufa. Na san niyyar alheri ce. A yi tofi, a shafa masa a goshi da hannu, in kuma ana son ya shiga ciki a nemi nas ta tambayi likita ko za a iya bi da shi ta roba.

Shin wanda abinci ya zauna masa yana buƙatar maganin har yanzu? In haɗarinsa ƙarami ne, a'a. In babba ne, kamar mai rauni a ka da ke kan inji, ana haɗa biyun.

Ranar dainawa

Nan ne laifinmu yake, har da ni. Akwai wani dattijo da muka yi jinyarsa makonni bayan haɗari, ya warke ya koma gida. Bayan kusan shekara biyu ya zo gaishe ni, ɗansa riƙe da baƙar leda ta magunguna. Ina zazzagewa sai ga omefrazol. Na ce Baba, wa ya ce kana da olsa? Ya ciro takardar sallama daga aljihun babbar riga, ta yi laushi don ninkewa, ya nuna mini. Rubutun hannuna ne. Na kwafe jerin magungunan ɗakin kulawa zuwa takardar sallama ban sa ranar tsayawa ba. Duk wata sai ɗan ya kai takardar kemis a ba shi. Dattijon har ya daina azumin nafila da cin yaji, a zatonsa mai olsa ne shi. Kunya ta kama ni ranar. Tun daga nan, duk sanda na rubuta maganin nan don rigakafi, sai na rubuta dalili da sharaɗin tsayarwa a gefensa.

Shan sa shekara da shekaru ba dalili ba kyauta ba ne. Ban da kuɗi, ana danganta shi da raguwar sinadarin maganiziyam da bitamin B12 a jiki, da raunin ƙashi, da matsalar ƙoda, da zawon nan na C. difficile. Kuma wanda ya daɗe yana sha in ya tsaya kwatsam, asid kan dawo da ƙarfi na ɗan lokaci, sai ya ji ƙwannafi ya ce ai ga olsar nan, ya koma sha.

Ƙa'idar mai sauƙi ce. In dalilin da ya sa aka fara ya gushe, a tsayar. An cire inji, awon jini ya tsaya da ƙafarsa, jini na daskarewa, abinci na shiga, to aikin maganin ya ƙare, yawanci tun kafin a mayar da mutum babban ɗaki. Waɗanda ke ci gaba su ne masu wani dalili na daban: wanda aka leƙa aka ga gyambo na gaske ko ya zubar da jini, shi zai yi makonni huɗu zuwa takwas ko fiye, wanda ake yi wa maganin H. pylori, wanda dole ya zauna kan asfirin ko magungunan tsinka jini kuma yana da haɗarin zubar jini, da mai ƙwannafin da ya ƙona masa maƙoshi.

Ban ga Baba ba, ban ga gwaje-gwajensa ba, waɗanda ke tsaye a kansa sun fi ni sanin halinsa. Don haka kada ku daina sayen allurar da kanku saboda abin da na rubuta. Gobe da safe in likitoci sun gama zagaye, ke ko Yaya ɗaya ya tsaya ya tambaya cikin girmamawa: allurar nan rigakafi ce ko an ga jini? An fara ba shi abinci ta roba? Za a iya mayar da ita ta sha? Likitan kirki ba ya jin haushin irin wannan, sau da yawa ma tunatar da shi kuka yi.

Bayan ya koma gida, in ya yi baƙin kashi mai danƙo, ko aman jini, ko jiri da farin ido, a dawo da shi asibiti a ranar. Ku sani maganin ƙarin jini mai sinadarin ƙarfe shi ma yana baƙanta kashi, amma ba ya danƙo ba ya wannan ƙarni. In kun yi shakka ku kawo shi a duba. Ciwon jikin da zai biyo bayan haɗari kuma kada a bi shi da haɗin kemis, farasitamol ne ko abin da likitansa ya rubuta. Ranar sallama, kafin ku naɗe tabarma, ki karɓi takardar ki bi ta layi-layi. In kin ga omefrazol ko fantofrazol a ciki, ki koma wurin wanda ya rubuta ki ce masa: Likita, wannan na kwana nawa ne?